Yadda Ake Horar da Yaro Ya Iya Juya Abu a Cikin Kansa, da Kwali da Almakashi Kawai

Akwai yaron da zaka bashi lissafin tarawa da ɗebewa ya cinye tas, amma ranar da aka zana masa akwati a allo aka ce fuska nawa gareshi sai ya tsaya yana kallon malam. Akwai kuma wanda karatun yake bashi wahala amma ka barshi da gwangwanin madara da murafun kwalba da 'yar waya, kafin la'asar ya haɗa mota har da sitiyari. Abin da na biyun nan yake dashi shine iya ganin abu a cikin kai, ya juya shi, ya kifa shi, ya buɗe shi, ya san yadda zai fito tun hannunsa bai taɓa ba. Dashi tela yake kallon yadi ya san inda hannu zai fita da inda wuya zai fita kafin ya ɗora almakashi, dashi kwandasta yake cusa kayan fasinja goma a but ɗaya kuma murfi ya rufu, dashi magini yake kallon fili ya ga ɗakuna. A makaranta kuma shine yake ɗauke da lissafin siffofi, da karatun taswira, da zanen da ake yi a besik teknoloji, har a kai ga injiniyanci da karanta hoton ƙashi a asibiti.

Mutane suna cewa ai baiwa ce, wanda Allah ya bawa ya bawa. Baiwa tana nan kam, amma abin ana koyonsa kamar yadda ake koyon karatu. A 2013 wani masani a Amurka mai suna David Uttal shi da abokan aikinsa sun tattara bincike har 217 da aka yi akan horar da wannan basira, suka ga cewa horon yana aiki ga yara da manya, maza da mata, kuma abin da aka koya baya gudu da wuri. Ni dai na daɗe ina yin wannan da yara a lesin ɗin yamma, kuma ga yadda nake bi. Daga shekara shida zuwa sama ya dace, babba ma da yake jin shi taswira bata shiga kansa zai iya bi.

Kayan da zaka tanada

Kwali mai ɗan kauri amma wanda almakashi zai iya ci, irin bayan tsohuwar kalanda ko kwalin takalmi. Kwalin taliya mai ruɓi-ruɓi a ciki bana sonsa wurin yanka ƙananan siffofi saboda bakinsa yana murƙushewa, kusurwa bata fita da tsini.
Farar takarda irin ta fotokofi, kamar guda goma.
Almakashi, fensir, rula. In babu rula gefen littafi mai kauri ya isa, ai layi miƙaƙƙe kawai muke nema.
Kwalayen ashana wanda babu komai a ciki, guda shida zuwa goma.
Ƙananan kwalaye na magani ko na man goge baki ko na shayi.
Dunƙulen magi guda 27 in da hali, in babu a yanka sabulun wanki ko a mulmula laka a yi ƙananan dunƙule masu fuska shida.
Littafin lissafi mai gida-gida.
Ƙusa ɗaya ta huda takarda, da salatif ko gam.

Reza kuma kar ta shiga hannun yaro, in akwai yankan da sai da ita to kai zaka yi.

Lokaci: minti sha biyar zuwa ashirin, sau uku ko huɗu a sati. Ya fi a zauna awa biyu ranar Asabar kaɗai, yaro yana gajiya da irin wannan tunanin da wuri fiye da yadda kake zato.

Doka ɗaya ce take bin duk matakan nan kuma in ka yar da ita to wasa kawai kuke yi: kafin yaro ya taɓa abu da hannu, sai ya fara faɗin abin da yake ganin zai faru. Ya faɗa, sannan ya gwada, sannan ya duba ko ya dace. Hannun yana zuwa ne don ya tabbatar ko ya ƙaryata abin da kai ya riga ya gani.

Mataki na 1: Ka fara gane inda yake

Ɗauki takarda ka ninke ta biyu a gabansa, ka huda da ƙusa sau ɗaya kusa da kusurwa. Kar ka buɗe. Ka bashi wata takardar sabuwa kace, in na buɗe wannan huji nawa zamu gani, kuma ɗiga min da fensir inda kowanne zai fito. Yawanci zasu ce biyu, daidai ne, amma wurin ɗigawar ne zaka ga bambanci, wasu zasu jera hujin biyu a gefe ɗaya, basu gane cewa layin ninkin yana aiki kamar madubi ba, huji na biyu yana tsallake layin ne ya zauna nesa dashi daidai nisan na farko. Sai ka buɗe ya ɗora tasa akan taka ku ɗaga wa haske.

In ya ci wannan sai ka ninke sau biyu, huji huɗu kenan, sau uku takwas. Sannan ka ninke daga kusurwa zuwa kusurwa, nan ne manya ma suke tsayawa. Kar ka gyara masa komai a ranar farko, ka ajiye takardun kawai ka rubuta kwanan wata, bayan wata biyu zaku sake yi ka kwatanta.

Mataki na 2: Haɗa tangiram

Tangiram wasa ne da ya fito daga ƙasar Sin, ya bazu a Turai da Amurka a farkon shekarun 1800. Murabba'i ɗaya ne, wato siffa mai kusurwa huɗu da gefe huɗu daidai da juna, aka yanka gida bakwai, kuma da guda bakwan nan ake haɗa siffofi iri-iri. Ana sayar da na roba da na katako amma ni nafi son yaro ya yanka nasa da kansa, don yankan ma darasi ne. Bama buƙatar awo, ninki kawai.

Ka fara fitar da murabba'i daga takardar fotokofi: kama kusurwa ɗaya ta sama ka kawo gajeren gefen ya kwanta akan dogon gefen, ka yanke rarar da ta rage a ƙasa. Ka samu murabba'i mai santimita 21 kowane gefe, kuma ga layin ninki ya ratsa daga kusurwa zuwa kusurwa.

Na ɗaya, yanka kan wannan layin. Ka samu manyan alwatika biyu, wato siffofi masu kusurwa uku.
Na biyu, ɗauki ɗaya ka ninke ta biyu daidai ka yanka. Waɗannan sune manyan guda biyu na tangiram, ajiye su gefe ka gama dasu.
Na uku, ɗauki ɗayar da ta rage, ka ɗan matse tsakiyar dogon gefenta don ka san inda tsakiyar take, sai ka kamo kusurwar da take fuskantar dogon gefen ka kawo tsininta ya taɓa wannan tsakiyar. Murje ninkin da farce ka yanka. Alwatikar da ta fita itace matsakaiciya, guda na uku kenan. Abin da ya rage yara suna ce masa kwale-kwale.
Na huɗu, ninke kwale-kwalen biyu ka yanka a tsakiya. Kowane rabi yana da tsini ɗaya a gefe guda, ɗaya gefen kuma a miƙe yake.
Na biyar, ɗauki rabi ɗaya ka kwantar da dogon gefensa a ƙasa, ka kamo tsinin ka kai shi kan kusurwar da take ɗaya ƙarshen dogon gefen. Ninke ka yanka. Ƙaramin murabba'i da ƙaramar alwatika sun fita.
Na shida, ɗayan rabin shine mai rikici. Shima kwantar da dogon gefen a ƙasa. Wannan karon ba tsinin zaka kama ba, kusurwar miƙaƙƙen gefen ta ƙasa zaka kamo ka kai ta kan buɗaɗɗiyar kusurwar nan ta sama, wadda gangaren ya fara daga ita. Ninke ka yanka. Zaka samu ƙaramar alwatika ta biyu da wani mai kusurwa huɗu da ya karkace, mu karkatacce muke ce masa.

Ƙirga: manya biyu, matsakaiciya ɗaya, ƙanana biyu, murabba'i ɗaya, karkatacce ɗaya. Bakwai. In ka samu murabba'i biyu to ka maimaita ninki na biyar ne a wurin na shida, wannan shine kuskuren da aka fi yi, sai a sake da sabuwar takarda. Yanzu ɗora kowanne akan kwali ka zagaye da fensir mai tsini ka yanke. Kar ka shafa wa fuska ɗaya kala ka bar ɗayar, ko dai duka biyun ko a barsu haka, zan faɗi dalili yanzu.

Mataki na 3: Aiki da tangiram ɗin

Aikin farko, watsa su a tabarma kace ya mayar dasu murabba'in da suka fito daga ciki. Shi da ya yanka da hannunsa minti goma da suka wuce zaka ga ya kasa, kuma ba komai bane, manya da yawa suna shan minti ashirin a kai. Anan ne iyaye suke ɓata aikin, zuciya bata jure ganin yaro yana fama sai kaga uwa ta miƙa hannu tace kawo nan ka gani, ta jera masa. Don Allah a daure. In ya gaji har zai yi kuka, taimakon da ya halatta shine ka haɗa masa manyan biyun su zama rabin murabba'in kace sauran biyar ɗin su zasu cike ɗaya rabin. Iyakarta kenan.

Kafin a kai ga manyan siffofi ina son a daɗe akan ƙananan alwatikan nan biyu, domin duk sirrin wasan yana jikinsu. Ka bashi su biyun kace ya haɗa murabba'i, sannan ya haɗa alwatika irin matsakaiciyar, sannan ya haɗa karkataccen. Duka ukun suna fita daga guda biyun nan, wato murabba'in da matsakaiciyar da karkataccen faɗinsu ɗaya ne duk da kamanninsu ya bambanta. Kowannensu kashi ɗaya cikin takwas ne na babban murabba'in, manyan kowacce kwata, ƙananan kowacce ɗaya cikin sha shida. Yaron da ya gane wannan da yatsunsa, ranar da aka zo darasin kashi-kashi a aji ba baƙon abu bane a wurinsa.

Daga nan sai siffofi. Kai ka haɗa wani abu a ɓoye, gida ko kwale-kwale ko kaza ko mutum yana gudu, ka zagaye bakinsa kawai akan takarda banda layukan ciki, ka bashi ya cike. Dokar wasan a yi amfani da duka bakwan kuma kar wani ya hau kan wani. Sai ka tuna dokarmu, kafin ya ɗauka ya nuna da yatsa yace babbar anan zata zauna, dogon gefenta yana kallon sama. Ka koya masa ya fara nemo mazaunin manyan biyun, su ne basu da wurin ɓuya da yawa.

Karkataccen shi kaɗai ne a cikin bakwan wanda in ka kifa shi yake canja kama, ya koma karkata ɗaya ɓarin. Akwai siffofin da ko ka juya shi sau ɗari a kwance ba zai shiga ba sai an ɗaga shi an kifa, shi yasa nace kar a yi wa fuska ɗaya kala, in an yi yaro sai ya ɗauka haramun ne ya kifa. Na ga wata yarinya 'yar aji uku ta tsaya akan wannan gurbin, ta juya ta juya bai shiga ba, sai ta cire hannunta ta ɗora a cinya, ta karkatar da kai tana kallonsa, can sai naga tafin hannunta ya juya a iska shi kaɗai kamar mai juya waina, sannan ta miƙa ta kifa shi ya zauna. Wannan juyin da tafin ya yi a iska kafin ta taɓa kwalin shine abin da duk muke nema.

In kaga yana ɗaukar lokaci kar ka ce masa yi sauri. A 1971 wasu masana biyu, Roger Shepard da Jacqueline Metzler, a jami'ar Stanford ta Amurka sun riƙa nuna wa mutane hotunan siffofi biyu-biyu ana tambayarsu ko abu ɗaya ne aka juya, suka gano cewa iya yawan juyin da aka yi wa siffar iya daɗewar da mutum yake yi kafin ya amsa. Wato kai yana juya abin ne a hankali kamar yadda hannu zai yi, shirun da yaron ya yi aiki yake a ciki.

In babu kwali babu almakashi, a yaga takarda akan layin ninki bayan an ɗan jiƙa layin da yawu ko ruwa, yana fita sumul. Sai dai iska tana ɗauke su, a yi a ɗaki.

Mataki na 4: Farke kwali

Yanzu mun tashi daga abu shimfiɗaɗɗe zuwa mai jiki. Ba yaro kwalin man goge baki kace in muka farke shi muka shimfiɗa, yaya zai kasance? Ya zana tukunna. Sannan ku nemo inda aka liƙe da gam ku ɓare a hankali ku shimfiɗa. Zai ga dogaye huɗu a jere da ƙananan fukafukai a kai da gindi. Sai ku ninke shi a bai-bai, rubutun ya koma ciki, ku liƙe da salatif.

Bayan kwalaye biyu uku sai a koma mai fuska shida daidai, irin dunƙulen magi. Fuska 6, gefe 12, kusurwa 8, ya ƙirga da kansa yana ɗiga alama don kar ya maimaita. Yanka ƙananan murabba'ai shida masu girma ɗaya na kwali. Ka jera huɗu a layi, ɗaya a sama ɗaya a ƙasa, ka tambaye shi in aka ninke wannan zai rufe ya zama akwati? Ya amsa, sannan ku kama su da salatif ku ninke. Sai ka canja jerin. Hanyoyin jera murabba'i shida gefe da gefe guda 35 ne, kuma 11 ne kawai a ciki suke rufewa. Kar ka gaya masa adadin da wuri, ka barshi ya yi ta farauta yana zana duk wanda ya samu a littafinsa mai gida-gida, wannan kaɗai yana iya cin sati biyu kuma yara suna sonsa sosai musamman in su biyu ne suna gasa.

Kai dai ka riƙe waɗannan don ka iya duba aikinsa. Duk jerin da yake da huɗu a layi da ɗaya a sama ɗaya a ƙasa yana rufewa ko ina ka matsar dasu, irin wannan guda shida ne a cikin sha ɗayan. In biyun suka taru a gefe ɗaya baya rufewa, ɗaya zai hau kan ɗaya a bar rami a ɗaya ɓarin. Biyar a layi baya yi. Huɗu da suka dunƙule biyu sama biyu ƙasa shima baya yi. Sannan ka kula zai kawo maka jeri ɗaya da ya juya ko ya kifa yace sabo ne, kar kace masa a'a, kace ya yanko su biyun ya ɗora ɗaya kan ɗaya ya gani.

Wanda ya ƙware sai a ƙara masa gishiri: a rubuta lamba 1 zuwa 6 akan shimfiɗar yadda in an ninke kowace fuska da wadda take bayanta zasu tashi 7, kamar yadda ƙwayar ludo take. Dabarar itace a cikin huɗun da suke layi, fuska da wadda ta tsallake ɗaya su ne suke ba juna baya.

Mataki na 5: Gaba, gefe, sama

Wannan shine tushen zanen da injiniya da magini da mai walda suke karantawa. Ajiye gwangwanin madara akan tebur ko kujera 'yar tsugunno, ya zana abin da yake gani in ya leƙo ta sama sak, da'ira ce, sannan ya durƙusa idonsa ya yi daidai da gwangwanin ya zana, mai kusurwa huɗu ne. Da yawa zasu zana gwangwani yadda suka san shi da ɗan bakinsa a sama, sai kace masa abin da idonka yake gani daga nan nake so banda abin da ka sani. Ya rufe ido ɗaya, yana taimakawa. Ku bi da kwalin ashana wanda fuskokinsa uku duk sun bambanta, da mazurari, da buta, da turmi.

Sai gini. Ka jera kwalayen ashana huɗu ko biyar, wasu kan wasu, ya zana gaba da gefe da sama a littafi mai gida-gida. In ya saba sai a juya aikin, kuma wannan ɓangaren ya fi amfani: kai ka gina a bayan littafi inda baya gani, ka bashi zane ukun kawai, shi ya gina. Sannan a ɗage littafin a kwatanta. Daga baya shi ya zana kai ka gina daga zanensa, in zanen ya yi ƙarya ginin zai nuna ba sai ka yi magana ba.

Da dunƙulen magi kuma, ka jera biyu-biyu hawa biyu ka tambaya guda nawa ne ba tare da ya taɓa ba. Mai ƙirga abin da yake gani zai ce bakwai, alhali takwas ne, ɗaya yana ɓoye a ƙasa ta baya. Uku-uku hawa uku 27 ne amma 19 kawai ido yake gani daga kusurwa. Koya masa ya ƙirga hawa-hawa, tara sau uku.

Mataki na 6: Taswira

A fara da ɗakin da yake kwana. Kace ya ɗauka an ɗage rufin yana kallo daga sama. Taku ɗaya nasa gida ɗaya a littafi, ya taka tsawon ɗakin da faɗinsa ya zana bango, ya sa ƙofa da taga da gado ko katifa. Kuskuren da ake yi anan shine ya zana gado ta gefe da ƙafafunsa, ka tuna masa gwangwanin madara. Sai tsakar gida, zaure, madafi, rijiya in akwai. Ɓoye alawa a wani wuri ka ɗiga a taswirar ya nemo, sannan shi ya ɓoye ya ɗiga maka.

Mu Hausawa mun samu gado mai kyau a wannan fannin, dattijo in zai maka kwatance cewa yake ka yi gabas in ka kai masallaci ka yanki kudu, har a cikin ɗaki zaka ji ance matsar da shi yamma kaɗan. Yaran yanzu da yawa sun tashi basu san wannan ba, to a dawo musu dashi. Ya fuskanci inda rana take fitowa, hagunsa arewa, damansa kudu, bayansa yamma. A rubuta arewa a saman takarda kullum. Abu ɗaya, in zaka yi amfani da alƙibla ka sani a ƙasar Hausa ba gabas sak take ba, ta ɗan karkata arewa, don haka fitowar rana ta fi wurin koyarwa.

Daga nan sai hanyar gida zuwa makaranta ko islamiyya. Ya zana daga ka, da duk kwanar da ake sha da alamomi, mai shayi, injin niƙa, transfoma, kwalbati. Sannan ku taka hanyar tare da takardar a hannunsa yana gyarawa. A dawowa kace ya faɗa maka kwanar kafin ku kai, nan zai gano cewa inda ya yi dama a tafiya hagu zai yi a dawowa. Kuma lokaci-lokaci ka tsaya a tsakiyar hanya kace nuna min saitin gidanmu da yatsa. In kana da waya mai intanet ku buɗe Google Maps a hoton tauraron ɗan adam ku nemo rufin gidanku, amma sai bayan ya gama tasa taswirar.

Direbobin tasi na Landan sai sun haddace titunan birnin dubbai kafin a basu lasisi, abin yana cinsu shekara uku zuwa huɗu, kuma a shekarar 2000 wata masaniya mai suna Eleanor Maguire ta ɗauki hoton ƙwaƙwalwarsu ta ga wani sashe da yake riƙe sanin wurare ya fi na sauran mutane girma, kuma wanda ya fi daɗewa a aikin, nasa sashen ya fi girma. Shi yasa nake cewa a bar yaro ya riƙa jagorantar tafiya ko da kai ka san hanya.

Mataki na 7: Shigar dashi cikin aikin gida

In aka tsaya a kwali kawai abin zai zauna a matsayin darasi. Za a zuba sauran miya a roba, ya zaɓo robar da yake ganin zata ɗauka kafin a zuba. Za a shiga da katifa ko kujera ta ƙofa, a tambaye shi ta wane gefe zata shige. Haɗa kaya a jaka, jera kwanuka a kwando, ninke zani gida huɗu daidai. In akwai tela a unguwa da kuka saba a roƙe shi yaron ya zauna ya ga yanka, ya ga yadda hannun riga yake a shimfiɗe kafin a ɗinke. Wasan dara ma, mai gurbi 30 kowa da 'ya'ya 12, horo ne sosai don sai ka hango jerin ukun kafin ka motsa, kuma ƙasa da tsakuwa da kara kawai yake buƙata. Motar kara da ta gwangwani kuwa kar a hana, a samar masa kaya.

Sannan bakinka. Maimakon ɗauko wancan a can, kace ɗauko kofin da yake ƙarƙashin tebur ta hagun buta. Sama, ƙasa, tsakani, gefe, baya, a kife, a karkace, a tsaye, a kwance, yaron da yake jin kalmomin nan kullum ya fi saurin kama duk matakan da suka gabata.

Wani abu da yake damuna, in ana irin wannan sai a tara maza a ce mata suje su yi wanke-wanke, wai ai gini da zane na maza ne. Yarinyar da take zana lalle hannu biyu su fito iri ɗaya kamar an sa madubi, ko take saƙa hula tana ƙirga gida, aikin nan take yi. A jami'ar fasaha ta Michigan wata malamar injiniyanci Sheryl Sorby ta fara wani kwas tun 1993 don ɗaliban da suka shigo da rauni a wannan fannin, mata da yawa a cikinsu, kuma waɗanda suka yi kwas ɗin sun fi tsayawa su ƙarasa karatun. A zaunar dasu tare, kowa da nasa tangiram ɗin.

In ƙaramin yaro ɗan shekara biyar ko shida yana rubuta b a wurin d kar hankali ya tashi, abu ne da aka saba gani a farkon rubutu, yanka masa harafin da kwali ya kifa shi da hannunsa ya ga yadda ɗaya yake komawa ɗaya. In kuwa kaga yana kanne ido ko yana kai takarda dab da hanci ko yana kukan ciwon kai duk lokacin da aka zauna, a dakata da horon a kai shi a duba idonsa tukunna.

Ba dole sai an gama mataki ɗaya tas za a shiga na gaba ba, ni ina cakuɗa su, yau tangiram jibi taswira, sai dai na biyar yana son a riga an yi na huɗu. Guda bakwan nan na tangiram a zuba su a ambulan ko ledar da take da zif a rubuta sunan yaro, ƙananan alwatikan ne suke fara ɓata, in ɗaya ta ɓata a ɗora 'yar uwarta akan kwali a zagaye a yanko wata. Bayan wata biyu a ɗauko takardun huji na ranar farko a sake gwajin da sababbin ninki, in ya wuce ninki uku ba gargada to a ƙara masa da yanka ƙaramar alwatika a bakin ninkin maimakon huji, ya zana siffar da zata bayyana kafin a buɗe.